Gwiwar Bunsuru a Ƙafar Muntaka

In ka zauna wurin mai shayi a bakin tashar Dutse, ba za ka shanye kofi ɗaya ba sai wani ya ba ka labarin Luba mai farfesu. Wai da mijinta Muntaka ya faɗo daga kan dabino, ita da kanta ta yanka bunsuru, ta ciro gwiwarsa, ta kai asibiti a leda, likitoci suka sa masa. Wai tun daga ranar ba ya bin titi, sai ta kan duwatsu. Wai in mai harawa ya gifta sai mutum uku sun riƙe shi. Akwai wanda ya rantse mini ya gan shi yana tuƙa a sahun gaba ranar Juma'a.

To, ƙarya ce. Na fi kowa sanin ƙarya ce, domin rabinta ni na ƙera. Da farko ba bunsuru ba ne, akuya ce. Na biyu, ba a sa wa kowa komai ba. Amma cinyar akuya ta shiga maganar, kuma da ba ta shiga ba, da yanzu Muntaka da sanda yake zuwa masallaci.

Ni ne Ɗan'inna mai adaidaita. Bokona ya tsaya a aji biyu na ƙaramar sakandare, ranar da malamin lissafi ya fara cakuɗa lamba da harafi na ga abin ya zama rainin hankali. Luba 'yar kawuna ce, wato taubashiyata. Ita ta ce ni bawanta ne, ni na ce ita baiwata ce, shekara talatin da wani abu ba a raba gardamar ba. Tsakaninmu babu zagin da ya haramta. Ko a gaban liman ta kira ni dolo, murmushi kawai zai yi.

Shekara goma sha huɗu tana da rumfar abinci a bayan sakatariya. Ma'aikata sukan bar fayil a buɗe su zo layin farfesunta. Ba ta yarda mahauci ya sara mata nama, wai suna farfasa ƙashi ya cika romo da tsakuwa. Cinya guda take saye, ta zauna a kan turmi da wata siririyar wuƙa da wasawa ta cinye rabinta, ta bi gaɓa gaɓa tana rabawa, ba sara ko ɗaya. Na taɓa ganin ta raba cinya huɗu tana faɗa da mai gawayi, ko kallon hannunta ba ta yi ba.

Wannan bakin nata mai kama da reza, a rumfa yake aiki da kuma a kaina. In ta shiga gidan surukinta, Baba Malam Barau, sai ka rantse kurma ce. Tun daga zaure take tuɓe takalmi. Shekara goma sha shida da aure, abin da tsohon ya taɓa ji daga bakinta bai wuce "Ina kwana, Baba" da "Lafiya lau, Baba" ba. Ba ta taɓa haɗa ido da shi ba, ba ta taɓa cin ko gyaɗa a gabansa ba. Mijin ma ba ta kama sunansa, Baban Safa take cewa. Ku riƙe wannan, don a kansa komai ya rataya.

Ranar wata Litinin da hantsi aka kira ni a waya. Muntaka sana'arsa hawan dabino, masu lambu ke ɗaukarsa ya sauke musu nonon dabinon. Yana saukowa kututturen da ya taka ya ɓalle, saura kamar tsayin ɗaki, sai ya yi tsalle ya dira a tsugune. Ya ce ya ji wani abu ya ce ɗas a gwiwarsa ta dama, kamar an tsinke tsirkiya. Da na iso na tarar da shi zaune a gindin bishiyar yana gumi. Babu jini. Ƙafar tana nan sumul. Amma da ya yunƙura zai tashi sai ta naɗe a ƙarƙashinsa kamar tsumma.

A asibiti aka ɗauki hoton ƙashi. Likitan wani siririn mutum ne mai gilashi, ya manna hoton a jikin fitila yana nunawa da bayan biro.

"Wannan dogon shi ne fima, ƙashin cinya. Wannan tibiya, ƙashin ƙwauri. Siririn nan na gefensa fibula. Duk lafiyarsu ƙalau. Matsalar ga ta nan. Fatela, wato ƙoƙon gwiwa. Nan ne mazauninsa, ga shi can ya haura sama. Jijiyar da ta ɗaure shi da ƙwauri ce ta tsinke, ita kuma hoton ƙashi ba ya nuna ta. Sai an buɗe an ɗinke. Zan sa shi a layin Alhamis da safe."

Ni dai sunayen nan daɗi suka yi mini, har na ƙudurta in na haifi tagwaye mata Tibiya da Fibula zan sa musu. Luba kuwa ta ƙura wa hoton ido kamar mai taya sa.

Talata Baba Malam Barau ya iso daga ƙauye, can kan hanyar Jahun. Tsoho ne dogo, mai kaifin hankali, ba ya magana sau biyu. Ya karɓi hoton ya fita waje ya ɗaga shi ga rana, ya daɗe yana dubawa, sannan ya dawo.

"Likita, ina karayar?"

"Babu karaya, Baba."

"Tsagewa fa?"

"Babu."

"To me za ku yanka?"

Likita ya sake jero fima da tibiya da fatela, ya fassara, ya zana a takarda. Baba ya saurara har ƙarshe, sannan ya ce, "Ƙanena Talha da ƙafa biyu ya shiga irin ɗakin nan naku. Ni na tura gadon da hannuna. Da ɗaya ya fito. Shi ma cewa aka yi za a buɗe a duba. Yaron nan ƙashinsa lafiya, kai da bakinka ka faɗa. Targaɗe ne, kuma muna da mai ɗori."

Likita ya juya ga Muntaka. "Malam, ƙafarka ce. Kai za ka sa hannu, ko na aiki ko na tafiya."

Muntaka, ƙaton mutum mai shekara arba'in da huɗu, wanda yake hawa bishiyar da ko kallonta ni jiri nake ji, ya dubi ubansa, ya sunkuyar da kai.

"Yadda Baba ya ce."

Aka sa hannu na tafiya. Aka samo mota aka kwantar da shi a baya. Luba tana raɓe a bango, ta toshe baki da gefen hijabi. Ta tura yarinya ta ce wa Baba za ta rufe rumfa ta biyo su gobe. Motar na fita daga ƙofa ta juyo ta dube ni, idanunta jajir.

"Biyo ni."

Awa biyu muka yi a kan benci kafin likitan ya sallami mutane. Da muka shiga ta gaishe shi, ta ce, "Likita, jijiyar nan da ka ce. Ta jini ce, ko agara?"

Ya ce, "Mene ne agara?"

"Farar nan mai kauri, wadda ba ta nuna da wuri a tukunya."

Ya buɗe durowa ya ɗauko gwiwar roba, irin ta koyarwa. Luba ta karɓa ta juya ta, ta lanƙwasa, ta miƙar, ta sa babban yatsa ta tura ƙoƙon.

"Wannan ai cinyar akuya ce. Sai dai an ƙara mata siririn ƙashin nan na gefe. Me ka ce sunansa?"

"Fibula."

"To akuya ba ta da shi, sai ɗan guntu. Amma ƙoƙon da agarar duk ɗaya ne. Kullum sai na yanke takwas kafin azahar. In na yanke ta nan, ƙoƙon sama yake gudu, ƙafar ta yi ta lilo."

Likitan ya cire gilashi ya dube ta. Ya ce, "Hajiya, abin da ya samu mijinki ke nan, ba ragi ba ƙari."

"In an ɗora shi fa?"

"Ɗori ba zai kashe shi ba. Abin da nake tsoro ma shi ne zai ji daɗi. Kumburi zai sauka, ciwo zai tafi, kowa ya ce an samu lafiya. Ranar da aka kwance ya taka, ƙafar za ta naɗe kamar jiya. Kafin nan naman cinya ya janye jijiyar sama, ta ƙanƙance. Yau ɗinki ne. Bayan wata biyu babban aiki ne, kuma ba na yi miki alkawarin zai sake hawa ko matakala, balle dabino. In kun dawo da shi gobe kafin la'asar, gurbinsa na nan, don akwai gwaje-gwajen da za a yi. In la'asar ta wuce zan ba wani, masu jira suna da yawa."

A waje na ce mata, "To ai shi ke nan. Ki je ki gaya wa Baba yadda kika gaya wa likita."

"Da wane bakin? In tsaya gaban uban mijina in ce masa bai gane ba? Ko gaskiyata ta kai dutsen garin nan girma, rashin kunyar kaɗai za a gani. Zai ƙara kafewa ne."

"To ni in gaya masa."

"Kai? Kai da ka ce ka ga kada a rijiyar masallaci? Ko sallama ka yi sai an leƙa an tabbatar."

Ta ƙare wa adaidaitata kallo. Can ta ce, "Gobe da sassafe ka kai ni mahauta. Kuma ka taho da wautarka gaba ɗaya, kada ka bar ko kaɗan a gida."

Ranar Laraba a mahauta Luba ta zaɓi cinyar baya guda, an feɗe fata amma wuƙa ba ta taɓa naman ba, tun daga ƙugu har kofato. Ta sa ta a leda ta rungume, muka kama hanyar ƙauyen su Baba. Ni kuwa na ja keken nan har yana kuka kamar za a yanka shi. Duk da haka da muka isa, babur ɗin mai ɗori yana jingine a ƙofar gida.

A ƙarƙashin darbejiyar tsakar gida aka shimfiɗe Muntaka a tabarma, gwiwar ta kumbura ta yi kamar tulu. Baba yana zaune a kan buzu da carbi. Malam Yahuza mai ɗori, wani gajeren dattijo da aka ɗauko daga wajen Jahun, ya riga ya jera kayansa: tsagaggen kara an daidaita tsayinsa, man shanu a ƙoƙo, farin ƙyalle a naɗe. Kowa a yankin ya san ƙa'idarsa. In ya ɗaure, ba mai kwancewa sai ranar da ya sa, ko da sarki ne. Yana nannaɗe hannun riga muka shigo.

Luba ta durƙusa daga nesa. "Ina kwana, Baba. Ya mai jiki?"

"Da sauƙi."

Ta tashi ta koma bakin madafi, taku biyar daga tabarmar, ta juya musu rabin baya kamar yadda ya dace. Ta ajiye faranti, ta zaro cinyar daga leda. Duk wanda ya gani zai ce romo za ta yi wa marar lafiya. Sai kawai ta ɗaga murya.

"Kai dolo! Zo nan ka riƙe mini. Ƙato da kai, ka yi boko har aji biyu, ka nuna mini gwiwar akuyar nan."

Na gane inda ta dosa. Na nuna gaɓar ƙasa, wadda ta lanƙwasa baya.

"Ka gani? Jaki. Wannan dunduniyarta ce. Gwiwa ga ta nan sama, kusa da ciki. Taɓa nan. Me ka ji?"

"Wani ɗan ƙashi mai santsi."

"Ƙoƙon gwiwa ke nan, irin naka, irin na kowa. Likita ya ce masa fatela. Na sama ƙashin cinya, na ƙasa ƙwauri. To me ya haɗa ƙoƙon da ƙwauri?"

"Ikon Allah."

Wata daga cikin matan gidan ta yi dariya a bayan zana, ta yi sauri ta haɗiye. Na saci kallon Baba. Carbinsa ya tsaya. Malam Yahuza ya lakato man shanu, amma hannunsa bai kai ga gwiwar ba.

"Ikon Allah ne, amma da igiya ya ɗaure. Ga ta." Ta sa tsinin wuƙa ta ɗaga wata farar agara mai faɗin yatsa. "Riƙe ƙashin cinyar da kyau. Kalli ƙafar."

Ta damƙi naman gaban cinyar ta ja sama. Ƙwaurin akuyar ya miƙe tsaf, kamar za ta yi harbi. Ta saki, ya koma. Ta sake ja, ya sake miƙewa. Wallahi ni kaina sai da tsigar jikina ta tashi, matacciyar akuya tana motsa ƙafa.

Sai ta sa wuƙar ta yanke agarar. Ɗas.

Muntaka ya zabura a kan tabarma. Ya ce a hankali, ba da kowa yake ba, "Haka na ji."

Ƙoƙon ya zame ya haura sama. Luba ta ja naman, ta ja, ta ƙara ja. Ƙwaurin yana reto kawai.

"To malam ɗan boko, ƙashi ya karye?"

"A'a."

"Ya tsage?"

"A'a."

"In an ɗauki hotonsa za a ga wani abu?"

"Lafiya ƙalau za a gan shi."

"To miƙar da ita."

"Ɗan'inna."

Muryar Baba ce. Bai ɗaga ta ba, amma sai da kajin gidan suka yi tsit.

"Na'am, Baba."

"Gidan nan mahauta ne?"

Ni da ban taɓa rasa abin faɗa ba tun da aka yaye ni, na nemi kalma ɗaya na rasa. Na dubi Luba. Kanta yana ƙasa, wuƙar tana hannunta. Kalma ɗaya ta rage Baba ya faɗa, ta tattara kayanta ta fita, Malam Yahuza ya ɗaure ƙafar, shi ke nan.

Ba ta ɗago ba. Da wata siririyar murya ta ce, "Ɗan'inna, da kai nake magana. Samo kara ka ɗaure ta tam. Ka shafa mata mai. Ka ba ta kwana arba'in. In ka kwance, me zai haɗa bakin nan da wancan, alhali ɗaya yana sama ɗaya yana ƙasa?"

Inuwar darbejiyar ta riga ta janye daga ƙafafun Muntaka, rana ta kusa tsakiya.

Malam Yahuza ya goge man shanun a gefen ƙoƙo. Ya ce, "Kai mai keke, miƙo mini cinyar nan."

Na kai masa da hannu biyu. Ya juya ta, ya tura ƙoƙon ƙasa da yatsa, ya saki, ya ga ya koma. Ya kama bakin agarar biyu ya haɗa, ya saki, suka rabu. Ya ajiye. Ya matsa ga Muntaka ya yi bisimilla, ya lalubi lafiyayyar gwiwar, sannan ya koma mai ciwon. Ya daɗe yana neman ƙoƙon kafin ya same shi can sama. Ya danna babban yatsansa a ƙasansa. Yatsan ya nutse cikin rami har gaɓa.

"Ɗaga dunduniyarka daga tabarma."

Muntaka ya cije baki. Naman cinyarsa ya ɗaure, jijiyoyin wuyansa suka fito, gumi ya karyo masa. Dunduniyar ko gezau.

Malam Yahuza ya sauke hannun rigarsa.

"Malam Barau, shekara arba'in ina wannan aiki, na gada ne. In ƙashi ne, ko ya yi gari ka kawo mini. Wannan ba ƙashi ba ne. Aikin allura da zare ne, ni kuwa ba ni da su. In na ɗaure na cuce ka."

Na ɗauka magana ta ƙare. Ashe ba ta ƙare ba. Baba ya daɗe yana kallon ɗansa, sannan ya juyo gare ni, ba ga Luba ba, ko da yake taku biyar ne tsakaninsu.

"Ɗan'inna, tambayi 'yar'uwarka. In sun shiga da shi suka fito mini da shi kamar Talha fa?"

Na juya. "Wai in ji Baba..."

"Na ji, ba kurma ba ce ni, sakarai." Ta ja numfashi. "Kai nake gaya wa. Ban isa in yi rantsuwa a kan abin da ke hannun Allah ba. Amma likita ya ce ƙafar da jininta, da ɗuminta, babu ruɓa, babu abin yankewa. Ƙafar da ake tsoron a rasa a can, in an zauna a nan ma an rasa ta, sai dai tana manne a jiki."

"Tambaye ta," in ji Baba, "zaren likita ne zai riƙe ƙaton mutum a kan dabino?"

Wannan karon ko juyawa ban yi ba.

"Kai dolo, kara ne yake haɗe ƙashi? Kara riƙewa yake yi, Allah ya haɗe. Zaren ma haka."

Malam Yahuza ya gyaɗa kai. "Wannan gaskiya ne."

Daidai nan aka kira azahar. Baba ya miƙe, ya ɗauki buta, ya fita. Mu ma muka bi shi masallaci, amma Allah ya yafe mini, ban san me na karanta ba. Lissafi nake: daga nan zuwa Dutse da marar lafiya a keke, awa ɗaya da rabi in hanya ta yi kyau. Aka sallame, Baba ya tashi nafila. Ya idar, ya ɗaga hannu yana addu'a. Na ƙirga mutanen da suka fita har masallacin ya rage daga ni sai shi. Da muka dawo gida Luba tana nan inda muka bar ta, ko hijabinta ba ta gyara ba.

Baba ya shige ɗakinsa. Muka ji ƙarar akwati. Ya fito da babbar riga da hula.

"Tayar da keken. Da ni za a je. Ni zan ƙirga da kaina."

Malam Yahuza ya ɗaure ƙafar da karan nan nasa, ya ce wannan ɗaurin hanya ne, kowa ma ya kwance. Aka kwantar da Muntaka a kujerar baya, Luba ta tsuguna a ƙasa tana tallafe da dunduniyar, Baba ya zauna a gefena ya riƙe ƙarfe. Cinyar akuya kuwa, da yake Luba ba ta san asarar nama ba, ta mayar da ita leda ta rataye a jikin madubi, kofato a waje. Haka muka shiga ƙofar asibiti ana kiran la'asar, a gaban masu lemo da masu rake da 'yan acaɓa sun fi talatin. Kun ji inda bunsuru ya samo asali. Ni dai ƙaho kawai na ƙara masa.

Alhamis da safe aka shiga da shi. Baba ya ƙi benci, ya shimfiɗa buzunsa a bakin ƙofar. Awa biyu muka yi muna jira. Da aka turo gadon ya miƙe, ya tare shi, ya ɗaga zanen da aka lulluɓe ɗansa. Ya taɓa yatsun hagu.

"Ɗaya."

Ya taɓa na dama, ya ji da ɗuminsu.

"Biyu."

Ya mayar da zanen ya gyara shi sosai, ya juya ya fuskanci bango, ya daɗe a haka.

Sauran aikin ba na rana ɗaya ba ne. Sati shida ƙafar tana miƙe cikin wani abu mai maɗaurai. Sannan aka shiga koya mata lanƙwasa, Muntaka yana ihu kamar ana yi masa kaciya ta biyu. Ranar da ya ɗaga dunduniya daga katifa da kansa, Luba ta raba farfesu kyauta, ni kaɗai ta hana. Sai da aka yi wata tara kafin ya hau dabino, wani gajere da ko ni zan iya hawa in an biya ni. Yanzu yana hawan dogayen, amma a hankali yake saukowa, kuma ya daina tsalle.

Baba bai taɓa tayar da maganar da Luba ba, ita ma haka. Har gobe "Ina kwana, Baba" ne da "Lafiya lau." Sai dai nonon dabinon farko da Muntaka ya sauke, tsohon ya sa aka kira ni, ya ɗora mini a keke, ya ce, "Kai wa malamarka."

Jiya na je rumfarta na karanta mata wannan duka, tana kan turmi tana raba cinya. Na ce ta gode mini, na wanke ta daga zargin bunsuru, kuma in ana son gaskiya ni ne na ceci ƙafar nan, tun da ta bakina aka yi komai. Na ƙara da cewa har yanzu ina zargin an ɗan sa wa Muntaka wani abu, don na ga yadda yake kallon dusa.

Ba ta ɗago ba. Ta yanke agarar, ɗas, ta jefa ƙoƙon a kwano.

"Da likita yana dasa wa mutum kayan akuya, ai ba zan ɓata a gwiwa ba. Kai zan kai a sauya maka kai. Ita ko ba komai, in ta samu abin ci takan rufe baki. Sauke mini ledar gawayin can, bawa, ka tare mini haske."